Tasar Malam Bukar

Ku da kuka yi waƙa a hannun Malam Bukar na Madabo, wa zai manta tasar nan? 'Yar tasar tagulla ce da ya saya a Kasuwar Kurmi, da ita ya kafa ƙungiyar mawaƙan jami'armu. Yakan ƙwanƙwasa ta da zobensa, tin! Daga nan kowa zai ɗauki murya. Da jami'a ta so saya masa abin kiɗan Turawa, cewa ya yi, "Shi ana cin tuwo a ciki?"

Kai, mutumin nan ya ba mu wuya! Ba shan ruwan sanyi, ba cin gyaɗa, wai suna ɓata murya. Ni kuwa ranar da ya fara jin muryata, ya daɗe yana kallona, ya ce, "Sani, wannan murya a adana ta. Kai dai motsa baki." Shekara biyu ina motsa baki, wallahi.

Da soja suka miƙa mulki ga farar hula, jami'a ta shirya biki. Magatakarda, wanda dama ya tsane mu, ya ce in muka ba shi kunya gaban baƙi, ɗakin atisayenmu ya zama ma'ajiyar kujeru, ƙungiya ta watse.

Safiyar biki, babu tasa! Ashe matarsa Hajiya Falmata ta aika wa maƙwabciya miya a ciki. Na goya Malam a babur muka je. Maƙwabciyar, Baba Uwani, ta ce, "Haba Malam! A Madabo a mayar da kwano wayam? Jira dambuna ya turara."

"Baba, baƙi na jira!"

"Su ma su jira."

Muka isa, zauren taro ya cika, tasa cike da dambu. Malam ya ƙwanƙwasa, sai ɗuf. Magatakarda ya matso yana gumi, ya ce, "Zubar mana, Malam!"

"Abinci? A'uzubillahi." Ya waiwayo ya dube mu, mu arba'in, ya miƙo min tasar. "Sani, kai ne bakinka ba shi da aiki."

Jama'a, a tsaye na cinye dambun nan, manyan baƙi suna kallo, har na suɗe. Tin! Muryoyi suka tashi, zaure ya ɗauki tafi, ɗakinmu ya tsira. Har ya rasu, in aka tambaye shi wa ya fi kowa amfani a ƙungiya, ni yake nunawa.

Ranar sadakar uku Hajiya Falmata ta aiko min da tasar, da dambu a ciki. Na yi kuka. Har yau ban mayar ba, don na rasa abin da zan zuba wanda ya kai.

Allah ya jiƙan Malam Bukar, ya haskaka kabarinsa, ya sa yana cikin masu jin daddaɗan sauti a Aljanna. Amin.