Wanda Ke Tarbar Motar Mangochi

Inna lillahi wa inna ilaihi raji'un. Ranar Laraba, tara ga watan Yuli, Che Amidu Mkwanda tela ya rasu a Johannesburg, sakamakon dukan da wasu matasa masu farautar baƙi suka yi masa a ƙofar shagonsa.

Che Amidu, kusan duk ɗan Malawi da ke unguwarmu fuskarka ya fara gani a tasha. Kowace Juma'a kana can da tsohon kwat ɗinka a kafaɗa, kana jiran motar Mangochi, garinmu na can Malawi. Ni ma da na sauko rungume da ƙatuwar jakar leda, ina gaida kowa kamar na shigo kasuwar ƙauyenmu, sai ka fizge jakar, ka yafa mini kwat ɗin.

Ka ce, "Kai baƙauye, wa ka sani a nan? Rufe baki. A titin nan ba a yin yarenmu, ba a kalle-kalle, ba a kuka. Sai an shiga ɗaki."

Wallahi na ji haushinka ranar. A ɗakin kuwa ka tuƙa mini tuwon masara, ka bar mini katifa ka kwanta a kan tsummokaran ɗinki. Haka ka yi wa mutane ba iyaka, ba ka taɓa goranta wa kowa ba.

Buri ɗaya ka ci wa kanka: ka tarbi matarka, Abiti Twaibu, a wannan tashar. Shekara da shekaru kana shiri. Da ta taso a ƙarshe, tana hanya, wayarta ba ta shiga, muka rufe ka ranar Alhamis.

Ran Juma'a ni na je da kwat ɗin. Ta sauko da ƙullin busasshen kifi da ta kawo maka, tana waige-waige. Da na yafa mata, ta shafa wuyan kwat ɗin, ta gane ɗinkinka.

Ta ce, "Ɗana, ina mai rigar?"

Na kasa kallonta. Ta buɗe baki za ta kurma ihu, ga mutane ta ko'ina, sai na ji kaina ina cewa, "Mama, a nan ba a kuka. Sai an shiga ɗaki."

Ta haɗiye kukan. Tun daga tasha har ƙofarka ba ta zubar da hawaye ba, ni ne na karya dokar.

Allah Ya jiƙan ka, Ya gafarta maka, Ya ba Abiti Twaibu da 'ya'yanku na Mangochi haƙuri. Ka sauka inda ba mu iya raka ka. Allah Ya sa mala'ikun rahama ne suka tarbe ka.