Kwamfutar Tambaya da Hanyar Kebbe

Ni mai faci ne, rumfata na manne da garejin Tambaya a bakin hanyar Sakkwato, nan Tambuwal. Da kunne Tambaya ya koyi gyaran mota, amma da motoci masu ƙwaƙwalwa suka cika gari bai tsaya gardama ba, ya sayi kwamfuta da igiyar da ake jonawa ƙarƙashin sitiyari. Matsalar guda ce: manhajar ciki, da ƙananan manhajojin da ke sa ta gane igiyar, sai ana sabunta su, in ba haka ba sabuwar mota ta zo kwamfutar ta ƙi kula ta. Shi kuwa Turanci ko na gaisuwa babu. Ɗiyarsa Ruwaida ke karanta masa tana latsawa.

Ita ce ta fari, don haka ko sunanta ba ya faɗi. "Waccan" yake cewa.

Da aka kai ta ɗakin miji a Kebbe, ina dattijo zai tashi haka kawai ya tafi gidan suruki? Sai ya samo dalili. Duk wata ya ɗaure kwamfutar a bayan babur, ya bi hanyar nan mai karya ƙugu, wai sabuntawa. Na ce masa, "Tambaya, sabis ɗin can ya fi na nan ne?" Ya ce, "Kai mi ka sani ban da taya?" Can zai wuni a zaure, aikin na rarrafe, tana zaune gefe, ba mai kallon wani.

Mijinta Mansur mutumin kirki ne, kirkin ne ma ya yi ɓarna. Tausayin tsoho ya sa ya saita na'urar ta riƙa sabunta kanta da zarar ta ji sabis. Tambaya ya yi godiya, ya dawo. Wata ya wuce, wani ya bi, babur na jingine. Motoci na tashi lafiya, mutumin na ramewa. Wallahi ya ba ni tausayi, har na daina tsokanarsa.

Ran nan da hantsi sai ga Ruwaida ta sauko daga mota. Ta durƙusa ta gaishe shi, ta jawo kwamfutar, ta ɗan latsa, ta rufe.

"Baba, na kashe abin nan," in ji ta. "Ba shi yin daidai in ba mutum kusa. A riƙa kawo ta."

Tambaya ya cusa kai cikin injin da ya riga ya gama gyarawa.

"To," ya ce.

Da la'asar ya turo min babur in duba masa iska.