Huɗubar da Na So In Ɓoye

Ƙarfe huɗu na yammar wata Talata komai ya fara dagule mini. Ina laburare ina karanta rubuce-rubucen faston da nake digiri a kansa, masanin falsafa kuma shugaban kwaleji a ƙarni na sha tara, sai na ci karo da huɗubarsa mai halatta bautar da bayi. Shekara biyu na yi ina kwafe kalamansa a kan tausayi, ko waƙafi ban tsallake ba.

Na hau bas na koma titin High Point Road, gidan Hajiya, dattijuwar Damagaram da ta riƙe ni. Ɗazun nan ma, kafin in zauna rubuta wannan labari, ƙamshin citta a kanti ya tuna mini da ita.

Halinta ne, ba ta amsa tambaya sai ta ga dama. Na ce, "Hajiya, in saka huɗubar a aikin digirina ko in bar ta? In na saka, rabin aikina ya rushe. Kuma an ce ba a tona asirin mamaci."

Ta ci gaba da dakan citta a ɗan turminta. "Kin ci abinci?"

Kullum in tambaya, kullum ta miƙo mini shayi mai yaji. Ranar miƙa aiki na matsowa, haushi kamar ya kashe ni, ga shi ban iya ɗaga murya ba.

Allah ya jiƙan Hajiya, ya haskaka kabarinta. Sai ranar Juma'a, tana naɗe darduma, ta ce, "Ke sarkin karatu, wanda ya ɓoye ake rufa wa asiri. Wannan da ƙafarsa ya kai wa masu buga littafi. Saka ta."