Farar Rigar Likita

Kowace safiya yakan goge farar rigar. Ya fara da wuya, ya ƙare da aljihun da biro ya ɓata da shuɗi. Matarsa ta daina tambaya ko an kira shi.

Shekara talatin da ɗaya yana fitowa a fim, kuma aikinsa ɗaya ne: ya buɗe ƙofar ɗakin tiyata, ya cire tabarau, ya dubi dangin mara lafiya, ya ce, "Sai haƙuri." Daga nan kyamara ta koma kan masu kuka. A layinsu Likita ake ce masa, sunansa na yanka ya ɓace.

"Wane irin likita ne kai," matarsa takan ce, "ko mutum ɗaya bai taɓa tashi a hannunka ba?"

Wata takwas ba a neme shi ba. Ran Talata ya sa rigar a leda, ya je ofishin wani darakta, sa'an ɗansa.

"Baba, mun daina ɗaukar wannan fitowar," in ji daraktan. "Waya ake bugawa, jarumar ta ɗauka, ta yanke jiki ta faɗi. Ya fi sauri."

"To, muryar cikin wayar fa?"

"Ba a jin ta, Baba." Ya sosa ƙeya. "Sai haƙuri."

Tsohon ya lura daraktan ya yi gaggawar faɗa. Shi yakan ja numfashi tukuna. Ya ɗauki ledarsa, ya fita, ya ja ƙofar a hankali yadda ya saba.