Kaset ɗin da aka sa wa yara a Dapaong

Tun kafin tafiyar nan, sojoji kawai nake tsoro. Kwana uku ina koya wa 'yata, mai shekara uku, cewa in an tare mota ta yi shiru.

Mun tashi da asuba daga Komah, unguwarmu a Sokodé, za mu sunan ɗan ƙanwata a Dapaong. Saboda yajin aiki mai ya yi wuya, kuɗin mota ya ninka, aka cusa mu kamar doya. Shinge bakwai na ƙirga, wani na soja, wani na samari masu ihun dimokuraɗiyya. A Mango na saya mata wagashi, cukun nonon shanu, ta ci ta yi barci. Ko tari ba ta yi ba.

Ashe abin yana cikin gida yana jira.

Ranar suna gari ya rikice da zanga-zanga, aka kulle yara a zaure. Wani maƙwabci ya kawo bidiyo. Na ce, “Malam, wane iri ne?” Ya nuna min kwali: Bature da farar fuska, jan hanci, jan baki har kunne. “Na yara ne, Hajiya, ɗan wasan ban dariya ne.” Wallahi bai taɓa kallonsa ba!

Ina tuƙa tuwo na ji ihun 'yata. Na tarar a fim ɗin Baturen nan yana bin yara da wuƙa, dariyar nan kuwa ba ta motsi, don zana ta aka yi. Abin da ya fi tayar min da hankali ke nan: fuska tana dariya, ido ba ya yi. Manya suna ta ƙyaƙyatawa, 'yata ta jiƙa zaninta. Wai in yi haƙuri, ai fim ne. Ita ta san fim?

Da yamma mai jego ta fito, ta sha hoda da jan baki, ta ce, “Zo, uwata.” Yarinyar ta ƙanƙame ƙafata. Haka muka baro garin, ba ta yarda innarta ta taɓa ta ba.

Mun dawo Sokodé lafiya, soja bai ce mana komai ba. Amma yau wata guda ban shafa hoda ba. In na ɗauki yarinyar, sai ta goga yatsa a kumatuna ta duba.

Don Allah iyaye, kada ku yarda da kwali. Ku fara kallon kaset da idonku kafin ku zaunar da yaro gabansa.