Ranar da Wata Ya Tsaya a Bayan-Tudu

Ƙwallon dabinon ya faɗa cikin ƙwarya, ƙwas. Habsu ta juyo da kunnenta wajen ƙarar.

"Yau ina muke, Malam?"

"Tsakiyar Watan Kanwa," in ji Gado. "Raƙumin yana hawan tudu, da ƙyar ake jin ƙararrawarsa."

Haka yake yi wa matarsa kowace safiya. Gado ladan ne a wani ƙaramin masallaci a gefen Gure, inda gidaje ke ƙarewa yashi ya karɓa. Dogo ne siriri, muryarsa ta fi jikinsa kauri. Ya yi noman lambu a kwari har gwiwoyinsa suka ƙi, amma kiran salla ya riƙe shi tun gemunsa yana baƙi. Ba shi da daɗin zama. Ba ya dariya a majalisa, kuma in ka makara jam'i zai bi ka da wani kallo da za ka kwana da shi.

Da Habsu ta makance, kwanaki suka cuɗe mata. Ta daina tambayar wace rana ce, daga baya ta daina tambayar komai. Sai Gado ya ƙaga mata wata ƙasa, ya raɗa mata suna Bayan-Tudu, inda babu mai ido ko ɗaya, babu kuma wanda ya san ya yi rashi. A can da kunne da hanci ake sanin lokaci. Yini yana farawa da Hayaƙi, sa'ad da ake hura wuta. Sai Guga, lokacin da igiya ke kuka a bakin rijiya. Sai Shiru, in zafi ya kwantar da kowa, sannan Kofato, in awaki sun taho gida. Watanninsu sunan ƙanshinsu suke ci: Watan Kanwa, Watan Ɗanyen Dabino, Watan Jiƙaƙƙiyar Ƙasa. Watan nasu ma ba a sama yake ba. Tsohon raƙumi ne da ƙararrawa a wuya, yana zagaya ƙasar ta bayan tuddai. Ranar da ya gaji ya tsaya, ƙararrawa ta yi shiru, sai a juye ƙwallayen ƙwarya a soma sabon lissafi.

Katangar gidan gajera ce, maƙwabta suka ji. Ba wanda abin ya burge.

"Ladan mai kalanda biyu," in ji Tukur mai shago. "Wata rana azahar ɗinmu sai lokacin Kofato."

Fadilu, ƙanen liman, ya fi kowa dariya. Ya daɗe yana ganin muryarsa ta fi cancanta da lasifikar masallacin.

A azumin bana aka saya wa masallacin mikoro, abin magana marar waya. Yammacin da ake duban watan salla, Gado ya gama kiran magariba, aka idar, ya jefa mikoron a aljihu bai kashe ba. Da ya koma gida, ya tarar Habsu na fama da zazzaɓi, ta ture kunun da aka kawo mata. Ya durƙusa, ya girgiza ƙwaryar a kusa da kunnenta, ya ɗaga murya don ta yi murmushi.

"Albishirinki! Wata ya tsaya! Wata ya tsaya!"

Muryar ta fita ta saman masallaci, ta rufe unguwa. Guɗa ta tashi daga gidaje. Gado ya ji muryarsa tana dawo masa daga sama, ya ruga ya gyara maganar, rediyo ma ta ce ba a ga wata ba. Amma baƙin Tukur, wasu makiyaya daga wajen Gamu, sun riga sun hau babur sun kai albishir rugarsu, inda babu rezo, waya ba ta shiga. Washegari duk rugar suka ci suka sha, a ranar azumi.

Bayan ƙaramar salla aka kira shi zauren liman, Malam Isiyaku. Zauren ya cika, ba wanda ya matsa masa a tabarma.

"Ka jawo mini kunya a gaban mutanena," in ji Tukur. "Tsofaffi da furfurarsu sun sha nono tsakar rana! Raƙumin naka ne zai rama musu?"

"Ai shi ya tsaya," in ji Fadilu. "A tsaye ba ya rama komai."

Aka yi dariya, irin wadda ba ta da daɗi.

"Kuskure na yi," in ji Gado. "Zan je rugar da ƙafata in ba su haƙuri."

Liman ya ɗaga hannu. "Malam Gado, mutanen za su rama azuminsu, wannan mai sauƙi ne. Abin da ya dame ni, jama'a sun daina yarda da bakinka. In ka kira salla yanzu, sai sun duba agogo. Ka yi mana alkawari a nan ka bar wannan tatsuniya ta watanni, ka ci gaba da aikinka. In ba haka ba, ka ajiye mikoro."

"Allah gafarta Malam, to wa zai gaya mata ranar?"

"Ka ce mata Talata ce, kamar kowa!" in ji Tukur.

"Na gaya mata. Talata ba ta da ƙanshi."

"Kun ji ko?" in ji Fadilu. "Tsohon nan ya tafi Bayan-Tudu, gangar jikin kawai ya bar mana."

Gado ya dubi mikoron da ke hannunsa, ya shafa shi da babban yatsa. Ta bayan zauren aka soma jin awaki na wucewa, ƙafafunsu na taɓa dandaryar ƙasa kamar yayyafi. Ya karkata kai, ya saurara.

Ya duba maɓallin ya tabbatar a kashe yake, ya ajiye mikoron a gaban liman. Gwiwoyinsa suka yi ƙara da ya miƙe.

"Kofato ya yi," ya ce. "Tana jirana."

Ya laluba takalmansa a bakin ƙofa, ya sunkuya, ya fita.