Yadda Tsoka Ta Ɓace a Miyar Gidanmu

Duk lokacin da ƙamshin daddawa ya taso daga tukunyar miyar kuka, zauren gidanmu na ƙauye nake tunawa, can wajen Tsanyawa. Bayan magariba, mazan gida da na maƙwabta kowa zai fito da tuwonsa, a haɗa a ci tare. Kakana ne ke fara sa hannu, ni ina gefensa. Ka dai san wasan jika da kaka, ga ni kuma da baki ba linzami.

Wata ranar kasuwa, bayan an gama yankan gero, babana ya sayo nama. Kakana ya ɗauki tsoka ya yi ta juya ta a baki. Haƙora sun ƙare, ta ƙi taunuwa. Na ce, "Tsoho, miƙo nan, wannan ta fi ƙarfinka." Zaure ya kwashe da dariya. Shi ma ya dara, ya miƙo mini.

Washegari bai fito ba, ya ce a kai masa nasa ɗaki. Kwano ya riƙa dawowa an taɓa loma biyu ko uku. Kafin wata guda rigarsa ta yi masa yawa. Babana ya sayo maganin ƙarin jini, aka jiƙa saiwoyi, duk a banza. Na tsorata ƙwarai, amma ko kusa ban kawo ni ne sila ba.

Kakata ce ta gano. Ta kira ni gindin murhu ta ce, "Kunya ce ke cinsa, ba cuta ba. Kai ka kwantar da shi, kai za ka tashe shi." Ranar ta dafa nama ya yi ligif, ta kirɓa shi a turmi har ya narke cikin miya, ta kuma aika wa matan maƙwabta su riƙa yin haka.

Na je ƙofar ɗakinsa na zauna, na ce ba zan ci komai ba sai tare da shi a zaure. Ya yi banza da ni. Cikina na ƙugi, na ƙi tashi. Can ya ce, "Ja'irin nan zai kashe kansa a ce ni ne." Ya lalubo sandarsa. A zaure matsa masa kawai aka yi. Ya ci, ya suɗe hannu, ya nemi ƙari. Damina da dama ya ƙara gani bayan nan, har da fita gona.

Yanzu a birni nake, unguwar Bacirawa, inda kowa ke cin nasa a farantinsa, ido na kan waya. Babana na wurina, ya tsufa, kuma tare muke ci a tabarma ɗaya. Yarana kullum suna ƙorafi wai a gidan nan sai dai a ji ɗanɗanon nama, ba a ganinsa. Ni dai dariya nake yi, in tura wa babana kwanon.